Me ya sa finafinan Telugu ke juyewa a tsakiya?

Malam, ka tambayi dalilin da ya sa finafinan Indiya na harshen Telugu, waɗanda cibiyarsu ke birnin Hyderabad, suke juyewa a tsakiya kamar an soma wani fim daban.

Hutun rabin lokaci da gidajen sinimar Indiya ke bayarwa ne ya jawo haka. Fim yakan kai awa biyu da rabi zuwa uku, shi ya sa ake raba labarin gida biyu. A kashin farko jarumi ya shigo da faɗa ko waƙa, sai soyayya da barkwanci. Daf da hutu a saki abin girgiza, galibi a bayyana cewa jarumin ba wanda aka zata ba ne, don mai kallo ya dawo kujerarsa. Bayan hutu a waiwaya baya, a nuna asalinsa da zaluncin da aka yi wa danginsa, sannan ramuwar gayya.

Masu kwaikwayon wannan salo sukan ɓoye sirrin ba tare da shuka alamunsa tun farko ba, sai ya fito kamar ƙari. In fassarar Hausa kake kallo, ka lura ana yanke waƙoƙi, alhali a cikin wasu daga cikinsu ne soyayyar ke ƙulluwa.

In rubutun fim kake, kai wa gogaggen marubucin fim ya duba inda ka raba labarin kafin a fara ɗauka.