Ruwa ya rusa aikin kwangila: wane kuɗi ake iya karɓa daga ma'aikatar magajin gari?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗan kwangila ne a jihar Tawa. Wata ma'aikatar magajin gari ta ba ni ginin azuzuwan makaranta, aiki ya kai rabi sai ambaliyar ruwa ta kayar da bango, siminti ya daskare cikin buhunansa. Aka ce in dakata, har yau shiru. Garantina na hannunsu, kuɗina sun nutse. Ina da hakki?

Amsa: Wa alaikumus salam Alhaji, Allah ya mayar da alheri. Kana da hakki, amma kuɗin naka kashi uku ne, kuma ƙarfinsu ba ɗaya ba.

Aikin da ka gama, aka auna, mai sa ido na ma'aikatar ya sa hannu kafin ruwa ya zo, wannan bashi ne a kansu, sai dai za su cire kuɗin somin aiki idan sun ba ka. Garanti ma mai sauƙi ne. A ƙa'idar 2005 ta UEMOA, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma masu amfani da kuɗin sefa, ba ya wuce kashi 5 cikin 100 na kuɗin kwangila, kuma an ajiye shi ne saboda sakacin ɗan kwangila. Idan an soke kwangila ba da laifinka ba, ka nemi takardar sakinsa.

Rigimar tana kan kashi na uku, wato bangon da ya faɗi da simintin da ya lalace. Kafin doka ta ɗauki abu a matsayin bala'in da ya fi ƙarfin mutum, sai ya zo daga waje, ba a iya hango shi ba, kuma ba yadda za a yi a tsare shi. Sharaɗi na biyun ne ke kayar da ƴan kwangila. Ruwan watan Agusta ba baƙo ba ne. Wanda ya jibge siminti a bakin korama, ko ledar rufi babu, ba zai gaya wa alƙali cewa bai san damina na tafe ba. Ruwa irin na 2024, da ya kashe mutum fiye da 300 a Nijar har ya yanke hanyoyin shiga Yamai, wannan wata magana ce daban. Saboda haka ka nemo adadin ruwan da aka yi a ranar daga ma'aikatar hasashen yanayi.

Ko an yarda da bala'in, abin da ka fi samu shi ne ƙarin lokaci da yafe tarar jinkiri. Diyyar asara kuwa sai ka buɗe kundin kwangilarka. Wasu sun tanade ta, da sharaɗin ka sanar a rubuce cikin ƴan kwanakin da aka ƙayyade; wasu sun ɗora maka yin inshorar wurin aiki, to can za ka nufa.

Abin da ya fi damuna a wasiƙarka shi ne "aka ce in dakata". Wa ya ce? Da baki? Tun watan Afrilun 2024 aka rusa majalisun gundumomi aka naɗa kantomomi, kuma ana sauya su. Sabon kantoma ya gaji bashin ma'aikata, amma wanda ke rubuce. Alkawarin da aka yi maka a tsaye bakin mota ya tafi da mai shi. Shi kuma mai riƙe da baitulmalin gunduma ba ya fitar da ko dala sai da umarnin biya da takardun shaida, ko da kuwa surukinka ne.

Don haka ka rubuta wa kantoma takarda, ka nemi umarnin dakatarwa a rubuce, ka fayyace kowane kashi da adadinsa. Ka haɗa hotuna, rasit na siminti da ƙarfe, da rahoton usiye, jami'in shari'ar nan mai rubuta abin da ya gani da idonsa. Kada ka bar ofishin sai an buga hatimi da kwanan wata a kan kwafinka. Idan sun ƙi ko sun yi gum, akwai kwamitin sasanta rikici na ARCOP, hukumar da ke sa ido kan kwangilolin gwamnati, a Yamai, daga nan sai kotu, da lauya. A ganina sulhu ya fi maka, domin ko ka ci shari'a ba a kama dukiyar hukuma a sayar, sai ka jira a sa kuɗinka cikin kasafi. Amma kada neman sulhu ya sa ka kwanta: bashin da ake bin hukuma yana mutuwa bayan shekara 4 idan ba a neme shi a rubuce ba.