Matsayin baƙo a dokar Isra'ilawan dā

Malam, ka tambaya ko baƙo yana da haƙƙi a wurin Isra'ilawan dā, ko kuwa bare ne har abada. Attaura ta kasa baƙi gida biyu, kuma hukuncinsu ba ɗaya ba ne.

Akwai wanda ya zo ya zauna a cikinsu, suna kiransa ger. Shi doka ta rungume. A gaban alƙali shari'arsa ɗaya da ta ɗan ƙasa, ranar Asabar yana hutawa, in kuwa ya yi kisa bisa kuskure yana iya gudu zuwa ɗaya daga cikin biranen mafaka 6. Abin da ya fi taɓa ni shi ne dokar girbi a Littafin Firistoci 19: an hana mai gona ya girbe gefen gonarsa ko ya koma ya tsince abin da ya zuba, kalar ta matalauci ce da baƙo. A haka Rut, 'yar Mowab, ta samu abinci a gonar Bo'aza, daga baya ta haifi kakan Dawuda. Dalilin da aka ba Isra'ilawa na kula da baƙo kuwa, su ma sun yi baƙunta a Masar.

Sai dai gādon ƙasa na kabilun Isra'ila ne, shi ya sa yawancin baƙi suke ƙwadago. Idin Ƙetarewa ma, wato idin tunawa da fitowarsu daga Masar, ger ba ya ci sai an yi masa kaciya.

Na biyun shi ne nokri, kamar fataken da ke shigowa su wuce. Shi ana iya ba shi bashi da ruwa, ba a yafe masa bashi a kowace shekara ta 7 kamar yadda ake yafe wa ɗan ƙasa, kuma ba a naɗa shi sarki.