Yadda Taiwan ta rabu da mulkin jam'iyya ɗaya, da inda Hong Kong ta maƙale

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Muna yawan jin cewa al'adar Sinawa ta biyayya ga shugaba ce, ba ta jituwa da dimokuraɗiyya. To ga Taiwan, harshensu ɗaya da Sin, amma suna zaɓe har su kayar da gwamnati. Ta yaya suka kai nan, kuma me ya hana Hong Kong?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Maganar al'ada ka ajiye ta gefe. Mutanen Taiwan sun yi shekara 38 a ƙarƙashin dokar soja, daga 20 ga Mayu 1949 zuwa 15 ga Yuli 1987, kuma ba wata sabuwar al'ada suka wayi gari da ita ba ranar da aka ɗage ta. Abin da ya sauya shi ne lissafin masu mulki, sai kuma ƙulle-ƙullen doka da aka bi ana kwancewa ɗaya bayan ɗaya.

Ga yadda aka ƙulla abin. Jam'iyyar Kuomintang ta Chiang Kai-shek, wadda ake taƙaitawa KMT, ta sha kashi a hannun 'yan kwaminis a 1949, ta tsallaka daga babban yankin Sin zuwa tsibirin Taiwan da sojojinta da majalisarta. Tsarin mulkin 1947 yana nan a rubuce, har da zaɓe a ciki, amma an danne shi da wasu tanade-tanaden wucin gadi na 1948 da sunan ana yaƙi da tawaye. Aka ce 'yan majalisar da aka zaɓo daga babban yankin Sin za su ci gaba da zama har sai an ƙwato mazaɓunsu. Ba a ƙwato ba. Suka yi shekara 40 da ɗoriya a kujera, wasu har a keken guragu ake turo su zaure, jama'a suka raɗa wa majalisar suna "mai shekara dubu goma". Tazarce ke nan da hatimin doka.

Sai dai KMT ta bar taga ɗaya a buɗe, kuma a ganina nan ne tushen komai. Tun 1950 ake zaɓen shugabannin gundumomi da kansiloli. Kafa jam'iyya haramun ne, amma mutum yana iya tsayawa da ƙashin kansa, daga 1969 kuma aka fara zaɓen wasu ƙarin kujeru na majalisar ƙasa. Irin waɗannan 'yan takara su ne aka sani da Tangwai, wato "na wajen jam'iyya". Shekara da shekaru suna koyon kamfe, da tara jama'a, da sa ido a rumfar zaɓe. A Nuwamba 1977, a garin Zhongli, zargin maguɗi ya sa jama'a suka ƙone ofishin 'yan sanda, kuma ɗan takarar adawa Hsu Hsin-liang ya ci kujerar gundumar Taoyuan. Ita ma KMT makaranta ta shiga: ta koyi cin zaɓe ta hannun manyan gari da ƙungiyoyin manoma, ba da bindiga kaɗai ba.

Daga waje kuma ƙasa ta zame mata. A 1971 Majalisar Ɗinkin Duniya ta ba Beijing kujerar Sin, a farkon 1979 Amurka ta mayar da hulɗar jakadancinta can. Gwamnatin da ke cewa ita ce ta Sin baki ɗaya ta rasa mai gaskata ta, hujjar daskarar da majalisa ta faɗi. Duk da haka ba ta saki da daɗi ba. Bayan gangamin Kaohsiung na 10 ga Disamba 1979 an kwashe jagororin adawa, kotun soja ta yanke wa Shih Ming-teh ɗaurin rai da rai, Annette Lu shekara 12. Amma jaridu sun buga abin da aka faɗa a kotu, lauyoyin da suka kare su suka yi suna. Ɗaya daga cikinsu, Chen Shui-bian, shi ya zama shugaban ƙasa a 2000, Annette Lu mataimakiyarsa.

Ranar 28 ga Satumba 1986 'yan adawa suka kafa jam'iyyar DPP a wani babban otal na Taipei, doka ba ta yarda ba. Shugaban ƙasa na lokacin, Chiang Ching-kuo, ɗan Chiang Kai-shek, yana da ikon kama su, bai kama ba. Ya ga yadda shugaba Marcos ya faɗi a Filifin a farkon shekarar, ga kuma kunyar kisan marubuci Henry Liu a Kalifoniya a 1984, wanda aka gano da hannun jami'an leƙen asirin sojansa.

Mutane da yawa suna tsayawa a 1987, kuma kuskure ne. Ɗage dokar soja bai kawo zaɓen shugaba ba, bai ma hana kama mutum kan magana ba: a Afrilu 1989 ɗan jarida Cheng Nan-jung ya cinna wa kansa wuta da aka zo kama shi bisa tuhumar tayar da fitina. Aikin ya ɗauki kusan shekara tara. A Janairu 1988 aka cire takunkumin kafa jaridu, a watan nan Chiang Ching-kuo ya rasu, Lee Teng-hui, haifaffen tsibirin, ya gaje shi. A Maris 1990 ɗalibai suka yi zaman dirshan a Taipei. A Yuni kotun tsarin mulki ta ce tsofaffin 'yan majalisa su sauka kafin ƙarshen 1991. A Mayu 1991 aka soke tanade-tanaden wucin gadi. A 1992 aka gyara sashe na 100 na dokar laifuka, wanda ke ɗaure mutum kan niyya kawai, aka kuma zaɓi majalisar dokoki gaba ɗayanta. Ranar 23 ga Maris 1996 aka yi zaɓen shugaba kai tsaye na farko, Sin tana gwajin makamai masu linzami a tekun da ke kusa, Lee ya ci da kashi 54.

Ka lura, KMT ce ta ci. Ta buɗe fili ne don ta lissafa za ta yi nasara a cikinsa, tana taƙama da rabon gonaki na shekarun 1950 da bunƙasar masana'antu. Sai da ta dare gida biyu a 2000 Chen ya wuce da kashi 39. Wannan hanya tana da tsada: sayen ƙuri'a da shigar 'yan daba siyasa sun yi katutu a shekarun 1990, dukiyar da KMT ta tara zamanin kama-karya ba a yi dokar bin kadinta ba sai 2016, shi kansa Chen ya ƙare a gidan yari kan cin hanci. Tsoron maguɗi kuwa ya bar musu gado mai kyau. Da an rufe rumfa ƙarfe huɗu na yamma, a nan ake ƙirga: jami'i ya zaro takarda ɗaya, ya ɗaga ta sama kowa ya gani, ya kira sunan wanda aka zaɓa da ƙarfi, wani ya ja layi a allo.

A da Hong Kong ta fi Taiwan ta 1987 'yancin jarida da kotuna masu zaman kansu, amma wuƙa da nama ba a hannunta suke ba. Birtaniya, wadda ta yi wa yankin mulkin mallaka, ba ta fara zaɓen 'yan majalisa kai tsaye ba sai 1991, shekara shida kafin miƙa yankin ga Sin. Sashe na 45 na babbar dokar yankin ya ce burin ƙarshe shi ne kowa ya zaɓi shugaba, amma ta hanyar kwamitin tsayar da 'yan takara, kuma fassarar dokar tana hannun Beijing. Ranar 31 ga Agusta 2014 Beijing ta ce 'yan takara biyu ko uku kawai, kowanne sai ya sami fiye da rabin kwamitin. Jam'iyyar Kwaminis ba ta da tabbacin da KMT ta samu cewa mutanenta za su ci, zaɓen kansiloli na Nuwamba 2019 da 'yan adawa suka yi wa cin kaca ma ya nuna mata akasin haka. A 30 ga Yuni 2020 aka kafa dokar tsaron ƙasa, a 2021 aka sake fasalin majalisa: da ana zaɓen kujeru 35 cikin 70 kai tsaye, yanzu 20 ne cikin 90, kuma sai an tantance kishin ƙasar ɗan takara kafin sunansa ya hau takarda.