Yaya, Ga Amsar Tambayarki Kan Saƙon Tsiraicin Turawa

Assalamu alaikum Yaya. Ina gajiya, ya su Alhaji da yara? Allah ya sa kuna lafiya.

Na saurari saƙonki na murya, na kuma kalli bidiyon da Alhaji ya sa aka turo mini. Abin da kuka gani, na mai tuɓe tufafi a gaban jama'a, ya faru da gaske, ba haɗi aka yi ba. Amma wanda ya ɗora muryarsa a kai yana cewa wai haka ake yi wa baƙo barka da zuwa a Ingila, kuma duk yarinyar da ta zo karatu sai an yi mata, wannan ya shirga ƙarya, Allah ya shirye shi. Kin san ba na son irin wannan zance da ke, da nauyi, to amma tunda karatun da 'yarki Ummi za ta zo yi a nan Ingila ne ke neman lalacewa a kansa, dole in ajiye kunya in yi miki bayani dalla-dalla, ke kuma ki zaɓi abin da za ki iya maimaita wa Alhaji.

Kalmar da aka rubuta a ƙasan bidiyon, strippergram, kalmomi biyu ne aka liƙa. Ta farko, stripper, ita ce mai sana'ar tuɓe tufafi a gaban jama'a ana kiɗa, mace ko namiji. Guntun da ke ƙarshe kuwa an yanko shi ne daga telegram, wato tangarahon nan da su Baba ke zuwa gidan waya su buga idan an yi haihuwa ko rasuwa. Wannan wutsiyar ce dai a jikin Instagram da yaranki ke yini a kai. To ma'anar ita ce saƙon taya murna wanda ɗan aiken zai karanta, sa'an nan ya tuɓe a gaban wanda aka aika wa. Suna kiran aikin da wannan suna, suna kuma kiran mai yin sa da shi: za ki ji an ce an aika wa wane strippergram, ko a ce wance strippergram take yi, ma'ana sana'arta ke nan. Rubutun ma bai tsaya wuri ɗaya ba, wasu su rubuta stripogram, Amurkawa sukan raba shi su rubuta strip-o-gram.

Asalin abin babu batsa a cikinsa. A Amurka, kamfanin tangaraho na Western Union ya lura mutane sun tsani ganin ɗan aikensu a ƙofar gida, domin galibi labarin mutuwa yake kawowa. Sai wani jami'insu mai suna George Oslin ya kawo shawarar a riƙa rera saƙon da waƙa. A 1933 wata ma'aikaciyarsu ta rera wa mawaƙi Rudy Vallée saƙon murnar zagayowar ranar haihuwarsa ta wayar tarho, abin ya karɓu, daga baya har 'yan aike suka riƙa zuwa ƙofar gida suna rerawa. Da tangaraho ya fara mutuwa, Western Union ya dakatar da saƙon waƙar a 1974, sai ƙananan kamfanoni suka ɗauka, kowa na neman abin da zai fi na wani jan hankali. Wani ya aiko mutum cikin rigar goggon biri ya yi tsalle-tsalle ya miƙa balan-balan. Wani ya aiko budurwa ta karanta baitoci ta sumbaci mai bikin a kumatu, wannan shi ne kissogram. Daga nan zuwa tuɓewa ai taki ɗaya ne. A nan Birtaniya an daina aika tangaraho a cikin ƙasa a 1982, kuma a shekarun 1980 ɗin ne waɗannan 'ya'yan nasa suka yi tashe, ana tallarsu a shafukan baya na jaridun gari.

Abin da na daɗe ban gane ba shi ne manufar. Ni da na ɗauka sha'awa ce zalla, irin ta gidan rawar dare. Akwai wannan, ba na musu, amma babban abin da abokai ke saye da kuɗinsu shi ne kunyatar da mutuminsu a bainar jama'a. Shi ya sa ake ɓoye masa. Ana zaune ana ci ana sha, sai ga wata cikin kayan 'yar sanda ko na nas ko na masu ba da takardar tara ga wanda ya ajiye mota ba daidai ba, ta kira sunansa da ƙarfi, ta ce akwai ƙara a kansa. Sai a zaunar da shi kan kujera a tsakiyar fili, ta karanta baitocin da abokan suka ba ta, cike da asiransa, sa'an nan a kunna kiɗa. Shi yana rufe fuska, kunnuwansa sun yi ja, su kuma suna ta sheƙa dariya suna ɗaukar hoto. Cikin 'yan mintoci an gama, ta mayar da kayanta ta wuce wani wurin. Kin tuna yadda 'yan gambara ke tare mutum a kasuwa su yi ta yi masa baƙar magana da batsa har sai ya ba su wani abu sun rabu da shi? To kusan haka ne, sai dai a nan abokansa ne suka biya tun kafin a zo, kuma ba shi da hanyar fansar kansa. Don ki tabbatar da cewa dariya ake nema, a zamanin da abin ke tashe har tsofaffi da mata masu ƙiba sosai ake ɗauka haya musamman don wannan. Ni a wurina wannan ya fi komai muni a cikin lamarin, wulaƙanta ɗan Adam ne ta fuska biyu.

Lokutan da ake yi sanannu ne: cikar shekara 18 ko 21, wani lokaci 40 ko 50, liyafar sallama idan mutum zai bar wurin aiki ko zai yi ritaya, sai kuma uwa uba shagalin bankwana da gwauranci kafin aure. Na maza suna ce masa stag do, da sunan namijin wata irin barewa ta ƙasarsu, na mata kuma hen do, wato na kaza. A ƙarshen mako idan kika shiga tsakiyar Mancesta, ko Liverpool ko Newcastle ko Blackpool, za ki ga ayarin mata da riguna iri ɗaya, amaryar da ɗan mayafi fari a ka, sun sha sun yi tatil. Mazan sukan hau jirgi su tafi wasu garuruwan Turai irin su Prague ko Benidorm. Ɓarnarsu ta kai har hukumar birnin Amsterdam ta fito da tallace-tallace a 2023 tana gaya wa samarin Birtaniya 'yan shekara 18 zuwa 35 cewa in don wannan za su zo, su yi zamansu.

Ni da idona na taɓa gani, a wani gidan abinci inda muka je sallamar wata abokiyar aiki. Ba a teburinmu ba ne, a can gefe ne wasu mata ke nasu shagalin. Sai ga ɗan sanda ya shigo da hula da ankwa a ƙugu. Wallahi Yaya, duk da takarduna cikakku ne, sai da gabana ya faɗi, wata 'yar Zimbabwe da ke kusa da ni ta riƙe mini hannu. Turawan teburinmu kuwa tuni sun gane, suna ta murmushi. Da ya fara ɓalle maɓalli na ɗauki jakata na ce musu zan je in yi salla, kuma da gaske lokacin Magariba ne. Washegari wadda ta shirya zaman ta zo ta ba ni haƙuri, alhali ba ita ta kira shi ba. Kayan 'yan sandan nan ma sukan jawo wa masu sana'ar rigima, domin doka ta hana yin sojan gona da su. A 2007 an kama wani ɗalibi a Aberdeen da ke wannan aiki, aka kai shi kotu kan kulaken da yake ratayawa, alƙali ya sallame shi a kan cewa kayan wasansa ne. Jaridu sun daɗe suna yi wa 'yan sandan garin dariya.

Kuma ki sani abin ya tsufa. Yaran yanzu da wuya ki ji kalmar a bakinsu, idan dattijo ya faɗe ta sai ta tuna wa mutane zamanin Margaret Thatcher, firaministar Birtaniya a shekarun 1980. A da har cikin ofis ake aiko su, ana tsakiyar aiki. Yau manajan da ya bari aka yi haka yana wasa da kujerarsa. Dokar daidaito ta 2010 ta ɗauki duk wani abu na batsa da zai sa ma'aikaci ya ji an ci mutuncinsa a wurin aiki a matsayin cin zarafi, ko da ba shi aka nufa ba, kuma tun daga watan Oktoba na 2024 an ɗora wa masu ɗaukar ma'aikata nauyin su yi rigakafi tun kafin abin ya faru. Gidajen da ke nuna rawar tsiraici a kai a kai su ma sai da lasisi na musamman daga ƙaramar hukuma, bisa wata doka ta 2009, ko da yake an bar ƙofa ga wurin da bai wuce sau 11 a shekara ba, shi ya sa mashaya ke iya bari a yi jefi-jefi. Bai mutu ba dai, ya koma gidajen haya da ɗakunan da aka keɓe, ya kuma sauya riga.

Sauya rigar nan ita nake so Ummi ta sani, don ta fi kalmar da ta tayar muku da hankali amfani. Idan aka gayyace ta shagalin wata 'yar ajinsu ta ga an rubuta life drawing, ba koyon zane kawai ba ne, namiji ne zai tsaya ba tufafi su zana shi. Idan ta ga butler in the buff, saurayi ne zai riƙa raba abin sha da ɗan gyale a gaba kawai. Idan kuma an ce kowa ya kawo fam kaza na karo-karo, ta tambaya me za a yi da kuɗin. Tambaya a nan ba rashin kunya ba ce, kuma Bature ba ya jin haushi idan kin ce masa addininki bai yarda ba. Abin da ke ɓata musu rai shi ne ki amsa za ki zo, a biya da ke, sa'an nan ki ɓace.

Kin tambaye ni mu Hausawan nan yaya muke yi. Kanmu bai haɗu ba, gaskiya. Akwai waɗanda ba sa zuwa kowace irin gayyata ta abokan aiki, daga aiki sai gida sai masallaci. Ba na zarginsu, amma na ga yadda hakan ke mayar da mutum bare a wurin da yake yini, ranar da matsala ta same shi babu mai tsaya masa. Ni da yawancin ƙawayena mukan je cin abincin farko, mu ba da kyautarmu, mu yi wa amarya fatan alheri, kafin a koma mashaya mun kama bas. Sun saba har sukan tsara shi haka saboda mu. Akwai kuma namu, musamman samari masu kuɗin iyaye, da ke bin ayarin har asuba. Waɗannan ba Ingila ce ta koya musu ba, da halinsu suka sauka daga jirgi.

Namu bikin kuwa, da za ki zo ki gani da kin ce Gwammaja ce aka ɗauko aka yi mata rufi. Mukan kama zauren unguwa haya a Longsight ko Cheetham Hill, unguwanni a nan Mancesta, mu lulluɓe tagogi, mu sa wata dattijuwa a bakin ƙofa, babu namijin da zai shiga ko da ɗan shekara goma ne. Mai sa kiɗa mace, mai hoto mace, kuma a kan yi gargaɗi tun a katin gayyata cewa ba a yarda kowa ta ɗauki bidiyo da wayarta ba, don an sha ganin rawar matar aure ta isa Kano kafin ita ta isa gida. Ana kamu, ana sa lalle, 'yan Sudan da 'yan Somaliya ke yi mana zanen, a ci waina da miyar taushe da alayyafon kanti. 'Ya'yanmu da aka haifa a nan su ma suna cewa za su yi hen do, kada ki ji kalmar a bakin 'yar uwar Ummi ki firgita: shayi da kek ne a otal da la'asar, ko a je a yi gyaran jiki a wurin mata zalla, masu hali su tafi Istanbul ko Marrakesh kwana biyu da ƙawaye. Samarin su je tseren ƙananan motoci, su ƙare a gidan gasasshen nama a Wilmslow Road. Ni ban cika son kashe kuɗin ba, amma ku da kuke da ranar ƙauyawa da daren Larabawa da dina ba ku da bakin yi mana faɗa.

Ki gaya wa Alhaji a ƙidayar 2021 Musulmin Ingila da Wales sun kai miliyan 3.9, kuma a nan Mancesta sun haura kashi 20 cikin 100 na mutanen gari. A filin Platt Fields muke sallar Idi, mata da hijabi a asibiti, a banki, a cikin 'yan sandan gaske. Ummi za ta iya gama digirinta ta koma ba ta taɓa cin karo da abin da ke cikin bidiyon nan ba.

Abin da ya kamata ya sa ido a kai shi ne masauki. Ɗakunan kwanan ɗalibai a nan galibi kowa da ɗakinsa da makullinsa, amma kicin ɗaya ne, kuma sukan haɗa maza da mata a sashe guda, a kicin ɗin ne ake shaye-shayen makon farko. Jami'o'i da yawa suna da sashen mata zalla, wasu har da wanda aka hana shiga da giya, sai dai sai an nema a takardar neman ɗaki, kuma guraben ba su da yawa. Ummi ta turo mini takardar da zarar ta iso mata mu cike tare. In ba a samu ba, ɗakin Fatima yana nan babu kowa tun da ta yi aure, ta zauna wurina har a samu.