Maigidana Yana Yi Min Gori da Tarihin Sarauniya Raziya

Assalamu alaikum Gwaggo. Tun da aka ba ni shugabancin makarantar da nake koyarwa, gida ya ƙi min daɗi. Maigidana malamin tarihi ne, a Indiya ya yi karatu. Ba ya zagi, ba ya duka, sai dai ya ɗauko Tabakati Nasiri, littafin tarihi na Juzjani, ya karanto min inda aka ce Raziya, wadda ta mulki Delhi daga 1236 zuwa 1240, ta haɗa ilimi da adalci da jarumta, amma me za su amfana mata tunda ba namiji ba ce. Sai ya rufe littafin ya ce, "Kin dai ji, kashe ta aka yi." Jiya haka, shekaranjiya haka, har wurin cin abinci 'yan matanmu na zaune. Ni ban nemi muƙamin nan ba, Gwaggo. Wallahi ban nema ba. In ajiye ne in huta?

Wa alaikumus salam, 'yata. Ban ji ta bakin maigidanki ba, don haka ba zan yanke masa hukunci ba. Amma kin ce 'yan matanku na zaune, kika wuce kamar ba komai. Nan ne ya fi tsaya min a rai. Su wa yake koya wa cewa ƙwazon mace ba ya da amfani?

Tunda littafi ya ɗauko, a karanta shi duka. Juzjanin nan Raziya ce ta naɗa shi shugaban makarantar Nasiriyya a Delhi, ya kuma karɓa. A 1260 ya kammala littafin, shekara 20 bayan rasuwarta, ya sa masa sunan ɗan'uwanta Sarki Nasiruddin Mahmud, wanda a inuwarsa yake cin abinci. Duk da haka shi ne ya ruwaito cewa mahaifinta Sarki Iltutmish ya zaɓe ta ta gaje shi ne saboda 'ya'yansa maza sun shagala da sharholiya. Manyan fadawa Turkawa ne suka tumɓuke ta a rikicin iko, bayan ta ɗaukaka Yakut, mutumin Habasha.

Ku maza masu karanta shafin nan, ku ji tsoron Allah, ku daina tsinto rabin shafi kuna ƙuntata wa iyalanku da shi.

Kada ki ajiye aikinki. Ki same shi ku biyu, cikin ladabi, ki roƙe shi gobe ya karanta wa yaran abin da Iltutmish ya faɗa game da 'yarsa.