Tambayoyinku kan Fasaha: Binciken Yaƙin Biyetnam da Waya da Kwamfuta

Tambayoyin wannan makon duk a kan abu ɗaya suke: yadda za a yi amfani da waya ko kwamfuta wajen nazarin yaƙin Biyetnam, wanda aka gwabza tsakanin Biyetnam ta Arewa da ta Kudu mai samun goyon bayan Amurka, ya ƙare da faɗuwar Saigon, babban birnin Kudu, ranar 30 ga Afrilu 1975, amma har yau masana tarihi ba su daina jayayya a kansa ba.

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina rubuta aikin kammala digiri, malamina ya ce lallai in karanta Takardun Pentagon na asali, wato nazarin sirrin da ma'aikatar tsaron Amurka ta yi kan yaƙin. Na sauke wani kwafi a wayata, amma yana maƙalewa, kuma in na nemi wata kalma a ciki sai ya ce babu. Ina mafita?

Amsa: Wa'alaikumus salam, 'yar'uwa. Kwafin da kika samu hotunan shafuka ne aka jera. Idonki yana ganin rubutu, wayar kuwa hoto kawai take gani, shi ya sa ba ta samun kalmar. Ki danna yatsa ki riƙe a kan wata kalma. In ba ta zaɓu ba, to hoto ne. Nauyin ma daga nan yake, domin takardun sun kai shafi kusan 7,000 a kundi 47.

Ki bar wannan kwafin ki shiga archives.gov, shafin hukumar adana takardun tarihi ta Amurka. A watan Yuni 2011 ta saki takardun cikakku, shekara 40 bayan jaridar New York Times ta fara buga abin da Daniel Ellsberg, ɗaya daga cikin waɗanda suka yi aikin nazarin, ya fitar a asirce, kuma an rarraba su kashi-kashi, sai ki ɗauki wanda ya shafe ki kawai. In shafi ya ƙi zaɓuwa, Google Lens zai ciro miki rubutunsa. In kina da kwamfuta, manhajar kyauta mai suna OCRmyPDF tana bin fayil gaba ɗaya ta mayar da shi wanda ake iya bincikawa. Sai dai rubutun tafireta ne na da, ga hatimi ga tabon tawada, don haka na'ura takan rikita 1 da l, ko 0 da O. Duk adadi ko kwanan watan da za ki saka a aikinki, ki koma ki gan shi da idonki a ainihin shafin.

Ki kuma san abin da kike riƙe da shi. Sakataren tsaro Robert McNamara ne ya sa a rubuta wannan nazari a 1967, ya kuma ƙunshi shekarun 1945 zuwa 1967. Zai nuna miki yadda jami'an Washington suka yi tunani da abin da suka ɓoye wa jama'arsu. Ba zai gaya miki me ake tattaunawa a Hanoi, babban birnin Arewa, ba.

Tambaya: Malam, duk lokacin da na nemi bayani kan wannan yaƙi, sojojin Amurka da masu zanga-zangar Amurka kawai nake gani. Shin Google yana ɓoye ɓangaren mutanen Biyetnam ne?

Amsa: Ɗan'uwa, ba sai an ɓoye ba. Injin bincike yana kawo abin da aka ɗora a intanet ne, a harshen da ka yi tambaya da shi, kuma Amurka ta fi kowa ɗora takardunta. Jami'ar Texas Tech kaɗai tana da miliyoyin shafuka a taskarta ta Biyetnam, kowa na iya dubawa kyauta. Ma'aikatar harkokin wajen Amurka ta zuba kundin wasiƙun diflomasiyyarta a history.state.gov, har da tsarin littafin lantarki mai sauƙin karantawa a waya. A can Biyetnam kuwa, an buɗe wa masu bincike wasu taskokin gwamnati a Hanoi da birnin Ho Chi Minh, amma na jam'iyya da na soja da na ma'aikatar harkokin waje galibi a rufe suke, kuma abin da aka buɗe ɗin ma sai mutum ya je da ƙafarsa.

Wannan giɓi ya daɗe yana juya yadda ake rubuta tarihin. Shekaru da yawa muhawarar tsakanin Amurkawa ce a kan Amurka. Ɓangare ɗaya, wanda masana irin su George Herring da Fredrik Logevall suke ciki, yana ganin shiga yaƙin kuskure ne tun farko, kuma ba a iya cin sa ba. Ɗaya ɓangaren, irin su Lewis Sorley da Mark Moyar, yana cewa manufar tana da hujja, an kuma iya yin nasara da ba a tafka wasu kurakurai ba. Moyar yana ɗora laifi mai yawa a kan amincewa da juyin mulkin da ya halaka shugaban Biyetnam ta Kudu Ngo Dinh Diem a Nuwamba 1963. Ka lura, a duka biyun tambayar ita ce me Amurka ta yi daidai, me ta yi ba daidai ba. Mutanen da aka yi yaƙin a gonakinsu sun koma 'yan kallo a tarihin ƙasarsu, kuma wannan yana damuna ƙwarai.

Sai da aka samu masana masu jin harshen Biyetnam suka shiga taskokin can kafin hoton ya fara sauyawa. Lien-Hang Nguyen ta nuna cewa a shekarun da yaƙin ya yi tsanani, Le Duan, sakataren jam'iyyar kwaminisanci, ne ke riƙe da akalar mulki a Arewa, ba Ho Chi Minh da duniya ta fi sani ba, kuma a cikin jam'iyyar kanta an yi saɓani mai zafi kan yadda za a yi yaƙin. Edward Miller ya nuna Diem yana da tsarinsa da burinsa, ba ɗan amshin shatan Washington ba ne kawai. Da wannan aka ƙara fahimtar cewa, ban da kutsen manyan ƙasashe, yaƙin basasa ne tsakanin 'yan ƙasa ɗaya.

Abin da za ka yi a aikace: ka yi bincike da harshensu. Ka buɗe maƙalar yaƙin a Wikipedia, ka sauya harshe zuwa na Biyetnam, ka kwafi sunaye da kalmomi daga can da alamominsu, domin cire alamomin yana sauya sakamako. Gwamnatinsu tana kiran yaƙin Kháng chiến chống Mỹ, ka liƙa wannan a injin bincike, Chrome ya fassara maka shafukan. Ka sani dai muryar waɗanda suka ci yaƙin za ka ji a shafukan da ke cikin ƙasar. Muryar mutanen Kudu da suka yi hijira bayan 1975 tana wani wurin daban, misali a taskar hirarrakin baka ta Jami'ar California da ke Irvine.

Tambaya: Na tambayi manhajar ƙirƙirarriyar basira yawan mutanen da suka mutu a yaƙin. Yau ta ba ni adadi, gobe ta ba ni wani. Wanne zan ɗauka?

Amsa: Kada ka ɗauki ko ɗaya sai ka san tushensa. Irin wannan manhaja tana harhaɗa jimloli ne daga abin da ta karanta, kuma abin da ta karanta ɗin bai daidaita ba. Na Amurka a ƙirge yake da suna da rana: 58,220 a rumbun bayanan hukumar adana takardunsu. Na Biyetnam ƙiyasi ne. A 1995 gwamnatin ƙasar ta ce mayaƙanta kimanin miliyan 1.1 da fararen hula kimanin miliyan 2 ne suka mutu. A shekarar dai, masanin ƙidaya Charles Hirschman da abokan aikinsa suka ƙiyasta kusan miliyan 1 tsakanin 1965 da 1975. Wani nazari a mujallar likitoci ta BMJ a 2008 ya kai miliyan 3.8, amma ya ɗauki shekaru masu tsawo fiye da haka. Kowane adadi da shekarun da ya ƙirga da hanyar da ya bi. Ka nemi manhajar ta faɗi mai adadin, sannan ka je ka tabbatar aikin yana nan da gaske, domin takan ƙirƙiri sunan maƙalar da ba a taɓa rubutawa ba.

Tambaya: Ranka ya daɗe, na sauke fayil ɗin bayanan hare-haren jiragen Amurka don in zana taswira. Excel ya buɗe wani ɓangare ya ce sauran ba zai shiga ba. Kwamfutata ce ta gaza?

Amsa: Kwamfutarka lafiya lau take. Excel ba ya wuce layi 1,048,576 a shafi ɗaya, rumbun bayanan hare-haren jiragen mai suna THOR da ma'aikatar tsaron Amurka ta saki a 2016 kuwa yana da layi fiye da miliyan 4 a kan wannan yaƙi kaɗai. Haɗarin shi ne mutum ya yi lissafi da abin da ya shiga, yana zaton shi ke nan. Ka sauke DB Browser for SQLite, kyauta ce, ka shigar da fayil ɗin a matsayin tebur, ka tace shekara ko ƙasar da kake so, ka fitar da wannan ƙaramin. Shi za ka kai QGIS, manhajar zana taswira, ita ma kyauta, ka nuna mata ginshiƙan da ke ɗauke da lambobin wuri, ta zuba maka ɗigo-ɗigo a taswira.

Kafin ka yarda da ɗigon, ka san asalinsu. Wannan yaƙi yana cikin na farko da aka gudanar da taimakon manyan kwamfutoci. An zuba na'urorin jin motsi a hanyar Ho Chi Minh, wadda Arewa ke bi tana kai mayaƙa da makamai Kudu, kwamfutocin IBM da ke Nakhon Phanom a Tailan suna tace saƙonninsu. Daga 1967 an riƙa ba dubban ƙauyukan Kudu maki kowane wata don a auna wanda ke hannun gwamnati. Amma mutum ne yake cike takardar kafin ta shiga na'ura, sau da yawa jami'in da ake auna ƙwazonsa da adadin da ya kawo. Rahoton hari yana faɗin inda aka nufa da abin da matuƙi ya ce ya gani, ba lallai inda bam ya sauka ba. Daga baya kuma an kwashe bayanan daga tsofaffin faifan maganaɗisu zuwa sabon tsari, aka samu layukan da suka maimaitu da waɗanda suka ɓace.

Manyan masana ma sun faɗa wannan rami. A 2006 Taylor Owen da Ben Kiernan sun lissafa daga irin wannan rumbu cewa an jefa wa Kambodiya bama-bamai tan miliyan 2.7. Adadin ya bazu ko'ina. Daga baya su da kansu suka janye shi, suka koma kusan tan 500,000, bayan an gano kuskure a ginshiƙin nauyi. Na girmama su a kan wannan gyara, amma har yanzu tsohon adadin yana yawo a intanet.

Duk da haka kada ka raina aikin da ka ɗauko. An jefa wa Laos bama-bamai fiye da tan miliyan 2 tsakanin 1964 da 1973, kuma ana ƙiyasin ƙananan bama-bamai kusan miliyan 80 ba su fashe ba. Masu aikin tono su suna duba waɗannan bayanai don sanin inda za su fara. Haka ma bayanan jiragen da suka yi feshin maganin kashe ciyayi, ciki har da Agent Orange, tsakanin 1962 da 1971: da su Jeanne Stellman ta Jami'ar Columbia ta sake zana taswirar wuraren da aka fesa a 2003, ta nuna adadin ya zarce wanda aka sani a baya. Layin da ya ƙi shiga Excel ɗinka yana iya zama gonar da wani yake nomawa yau.

Tambaya: An turo mini hoton yaƙin a WhatsApp, mai kala, tas kamar jiya aka ɗauka. Ta yaya zan san na gaske ne?

Amsa: Kala kaɗai ba hujja ba ce, domin an ɗauki hotuna masu kala da yawa a lokacin. Ka saka shi a Google Lens ko TinEye. A TinEye ka zaɓi a jera maka daga mafi daɗewa. In tsohon kwafinsa baƙi da fari ne, to manhaja ce ta shafa masa kala da hasashe. In ba shi da wani tarihi sai na 'yan watannin nan, ka ƙara girmansa ka duba yatsu, rubutun jikin kaki da fuskokin mutanen baya, nan hoton ƙirƙira yake yawan tonuwa. Kada ka dogara da bayanan cikin fayil, irin su ranar da aka ɗauki hoton, WhatsApp yana goge su.

Ko hoton ya tabbata, rubutun da ke ƙarƙashinsa yana buƙatar nasa binciken. Hoton yarinyar nan Kim Phuc tana gudu bayan harin bam mai ƙuna na napalm a garin Trang Bang, ranar 8 ga Yuni 1972, na gaske ne ba tantama, amma ana yawan rubuta cewa jirgin Amurka ne ya jefa bam ɗin, alhali jirgin sojan saman Biyetnam ta Kudu ne. A 2025 kuma aka tayar da muhawara kan wanda ya ɗauke shi. Kamfanin dillancin labarai na AP ya binciki faifan hoton da matsayin mutane a wurin, ya bar sunan mai ɗaukar hotonsa Nick Ut a kai; ƙungiyar World Press Photo ta yi nata binciken, ta dakatar da danganta masa. In za ka yi amfani da hoton da aka turo maka, ka nemo shi a shafin kamfanin labarai ko taskar da ke riƙe da asalinsa, ka kwafi kwanan wata da wurin daga can.