Amsa: shekara mai kwana 400 da wata biyu a sama, yaya lissafin zai zauna?

Malam, ka ce duniyar labarinka tana da wata biyu a sararin samaniya, shekararta kwana 400, kuma kana so ka raba ta watanni goma masu kwana arba'in-arba'in, shin hakan zai yi? Zai yi, amma ya cika tsabta. Sama ba ta ba wa kowace al'umma lissafin da ya raba daidai ba. Shekarar rana tamu kwana 365 ce da kusan rubu'i, zagayen wata kuma kwana 29 da rabi da ɗan ɗori. Wata goma sha biyu kwana 354 ke nan, saura kusan 11. Duk wata kalanda da ka sani dabara ce ta yadda za a yi da wannan rara, kuma a nan labari yake ɓuya.

Hanyoyi uku aka bi. Kalandar Hijira ta riƙe wata ta ƙyale rana, shi ya sa azumi yake zagaya damina da hunturu da bazara, sai bayan kimanin shekara 33 ya dawo inda ya faro. Misirawan dā sun yi watanni 12 masu kwana 30, suka liƙa kwana biyar a ƙarshe. Habasha har yau tana da ɗan guntun wata na goma sha uku, Pagume, mai kwana biyar ko shida. Yahudawa kuwa sun haɗa biyun: cikin kowace shekara 19 suna ƙara cikakken wata sau bakwai.

To, gwada haka. Mayar da shekararka kwana 403 da kashi ɗaya cikin biyar na yini. Babba cikin wata biyun nan na sama ya cika zagayensa a kwana 40. Idan mutanenka manoma ne masu bin rana, watanni goma za su ci 400, kwana uku su zauna a waje, ba na kowane wata ba, duk shekara ta biyar su zama huɗu. Ka yanke abin da ake yi a cikinsu: ko ba a bin bashi, ko ba a ɗaura aure, ko sarki yana ajiye sandar mulki. Amma lura, da zarar ka cusa kwanakin nan, ɗaya ga wata ta daina faɗawa daren tsayuwar jinjirin wata, kowace shekara tana ƙara gocewa da kwana uku. Nan ne marubuta da yawa suke tuntuɓe, su rubuta farin wata a tsakiyar kowane wata alhali lissafinsu ya riga ya rushe hakan. Idan kuma masu bin wata ne, a bar rarar ta taru: cikin shekara 25 za ta kai kwana 80 cif, wato ƙarin wata biyu. Ni da zan zaɓa, sai in ba fada lissafi ɗaya, in ba ƙauye ɗayan, rigimar ranar biyan haraji ta fito da kanta.

Kada ka raina wannan ɗan kashi ɗaya cikin biyar. In aka manta da shi, shekara ɗari ta isa shuka ta goce da kwana 20, rabin wata ke nan. Kuskuren kalandar Juliyas Kaisar bai wuce kimanin minti 11 a shekara ba, amma sai da Fafaroma Giregori ya tsallake kwana goma a 1582: aka kwana 4 ga Oktoba, aka tashi 15.

Ƙaramin watan kuma, ba shi kwana 15. Nemi ƙaramar lambar da 40 da 15 duk suke rabawa, 120 ce. Duk kwana 120 su biyun za su cika tare, kimanin sau uku a shekara: dare mai haske sosai, kuma in akwai teku, igiyar ruwa mai ƙarfi.

Mako ba dole ya zama bakwai ba. Ibo suna da na kwana huɗu, Eke, Orie, Afo da Nkwo, kuma da kasuwa yake tafiya. Kai kuma sa makonka ya zama kwana takwas: takwas ta raba 40 sau biyar, don haka a wurinka ranar kasuwa za ta riƙa faɗawa kwanan wata guda, muddin kwanakin rara ba sa shiga ƙirgen mako. Ka dai tuna da hutu. Faransa ta ƙirƙiro mako mai kwana goma a 1793, ma'aikata ba su ji daɗinsa ba, ba a daɗe ba aka watsar, sabuwar kalandar da makon ya zo a cikinta kuma ta mutu gaba ɗaya a farkon 1806.

Sai jikin ɗan Adam, wanda bai san kalanda ba. Ciki kimanin kwana 280 ne, da watanka wata bakwai ke nan, saboda haka ungozomar labarinka ba za ta ce wata tara ba. Mai shekara 30 a can ya kai 33 da lissafinmu.

Wajen aiki, buɗe manhajar lissafi ta Excel ka ƙirga kwanaki da lamba zalla daga rana ta ɗaya, ka sa kowane abu da ya faru a lambarsa, daga baya ka juya shi zuwa wata da shekara. Tafiyar kwana 12 ta zama ƙari kawai. Yanke tun farko ko sabuwar rana da faɗuwar rana take somawa ko da asuba, domin "daren jiya" yana canza ma'ana.

Sunayen watanni kuwa, samo su daga aikin da ake yi a cikinsu, irin su watan huɗa ko watan sussuka, kuma kada babi ɗaya ya ɗauki sabbi fiye da biyu. Mai karatu ba zai haddace goma ba.